Rabin Lada da Fatiha

A ƴan shekarun nan babu kalmar da ta samu karɓuwa a bakin manya kamar sulhu. A tarurrukan ƙara wa juna sani, a gidajen rediyo, har ma a wasannin kwaikwayon da ƙungiyoyin al'adu ke shiryawa, nasihar guda ce: idan ma'aikaci ya samu saɓani da wanda ya ɗauke shi aiki, kada ya kuskura ya nufi kotu, a zauna a sasanta a gida. Hujjojin ma an haddace su. Kotu tana da nisa, tana cin kuɗi, tana raba zumunci, kuma gadon Nasara ce. Sulhu kuwa abin gida ne, shi iyaye da kakanni suka sani. Maganar tana da daɗin ji, shi ya sa ba a cika tsayawa a bincike ta ba. To amma duk wanda ya taɓa zama a bakin zauren da ake yin irin wannan sulhu a Matameye, ko Kance, ko ƙauyukan da ke kewaye da su, in dai yana da ido, ya lura da abu ɗaya da ba ya canzawa: mai bin bashi shi ake roƙo ya rage, wanda ake bi kuma shi ake yi wa godiya don ya yarda ya biya wani abu.

A ɗauki misalin da kowa ya san irinsa. Mai gadi ne a wata makaranta mai zaman kanta, an yi da shi a baka za a riƙa ba shi jika 25 kowane wata. Wata shida suka shige bai ga ko dala ba, sai gobe da jibi. Ranar da ya ɗaga murya aka ce ya yi rashin kunya, ya ajiye makulli. Ya kai kuka wajen mai unguwa, aka tara dattawa, aka kira mai makaranta. Shi mai makaranta bai musa bashin ba. Ya dai ce iyayen yara ba su biya ba, shekara ta yi wuya. Dattawa suka duba, suka ce tun da abin ya zama haka ya kawo jika 60, ya ba da 30 yau, saura in an yi kaka. Aka juya ga mai gadi aka ce: Malam, ka yi haƙuri, zaman tare ya fi kuɗi, wata rana kai za ka nemi wani abu wajen Alhaji. Aka shafa fatiha aka watse, kowa yana ganin an yi aikin lada.

Yanzu a yi lissafin da ba a yi a zauren ba. Abin da aka yi alƙawari a baka jika 150 ne. Amma tun daga watan Janairu na 2024, albashi mafi ƙanƙanta da doka ta yarda a biya ma'aikaci a Nijar jika 42 ne a wata, bayan ya shekara fiye da goma yana tsaye a kan sefa 30.047. Wata shida a kan jika 42 ya kama jika 252. Ba a shigar da kuɗin hutun shekara ba, ba a shigar da wa'adin sallama ba, balle asusun CNSS inda ba a taɓa rubuta sunan mutumin ba. Daga 252 aka sauko zuwa 60, a cikin 60 ɗin ma rabi yana rataye a kan damina. Babu wanda ya furta lambar nan a zauren, kuma mai yiwuwa babu wanda ya san ta in ban da mai makaranta. Mai gadi ya tashi yana tsammanin ya yafe jika 90, alhali abin da ya bari ya ninka haka.

Ba za a ce dattawan nan azzalumai ba ne. Sun auna halin da ake ciki ne, kuma halin ba ya ƙarya. Kotun ma'aikata tana Damagaram, tafiyar kimanin kilomita 90. Kuɗin mota zuwa da dawowa, da masauki, da ranakun da za a ɓata ana jiran a kira suna, duk daga aljihun wanda bai ga albashi ba wata shida za su fito. Ga shi kuma aikin albashi ya yi ƙaranci a wannan yanki tun da masana'antar man gyaɗa ta Matameye ta tsaya, SONARA ta zama labarin tsofaffi. In an cire ma'aikatan gwamnati da na ƙungiyoyin agaji, sauran jama'a ƙwadago suke yi a gonakin rake na ƙoramu, ko ɗaukar kaya a tasha, ko kwaɓa ƙasa wajen magina, ko yaron mota a hanyar Ɗan Barto, ko aikatau a gidajen masu hali. Gari ƙarami ne, masu ɗaukar aiki sun san juna, wanda aka ce ya taɓa kai ubangidansa ƙara ya rufe wa kansa ƙofofi goma. Dattawa sun san haka, mai gadi ya sani, mai makaranta ya fi kowa sani. Tabbacin da yake da shi cewa mutumin nan ba zai taɓa hawa motar Damagaram ba, shi ya yanka farashin jika 60 tun kafin a shimfiɗa tabarma. Da yana tsoron takardar sammaci, da abin da zai kawo ya fi haka, kuma da dattawan sun samu bakin matsa masa.

Wannan shi ne abin da masu wa'azin sulhu ba su faɗa. Sulhu ba ya tsayawa da ƙafarsa. Nauyinsa yana zuwa ne daga abin da zai faru in an kasa yin sa. Inda ƙofar shari'a take a buɗe, mai ƙarfi yana da dalilin sassautawa. Inda aka rufe ta, ko aka koya wa talaka cewa ƙwanƙwasa ta abin kunya ne, to me ya rage da za a sasanta a kai? Don haka duk mai hana ma'aikaci sanin hanyar kotu, da sunan son sulhu, sulhun kansa yake kashewa.

Sai batun gadon Nasara, wanda shi ya fi yaudarar masu ilimi, domin yana sosa musu inda ke yi musu ƙaiƙayi. Abin da Nasara ya zo da shi game da aiki shi ne aikin tilas, wanda ya kwashi mutane daga gonakinsu zuwa gyaran hanya da ɗaukar kaya ba lada, har sai da dokar 11 ga Afrilu 1946, mai ɗauke da sunan Houphouët-Boigny, ta soke shi. Dokar aiki kuwa ƙwato ta aka yi. Ma'aikatan jirgin ƙasa na Afirka ta Yamma sun ajiye aiki daga 10 ga Oktoba 1947 zuwa 19 ga Maris 1948, wata biyar da ɗori iyalansu suna cikin yunwa. Wannan yajin ne Sembène Ousmane ya gina littafinsa na 1960 a kai, Les bouts de bois de Dieu, wanda malaman Faransanci ke karantar da shi a aji ba tare da sun haɗa shi da mai gadin ƙofar makarantar ba. Ranar 3 ga Nuwamba 1952 aka yi yajin gama-gari a ƙasashen Afirka ta Yamma da Faransa ke mulka, ranar 15 ga Disamba na wannan shekara aka fitar da kundin dokokin aiki na ƙasashen renon Faransa. A Nijar, Djibo Bakary, wanda shi ma malamin makaranta ne da fari, daga gwagwarmayar ƙwadago ya gina sunansa kafin Sawaba. Kundin 1962, da na 1996, da na 2012 duk jikokin wancan na 1952 ne. Mai cewa a yi watsi da su don na baƙi ne, gumin kakannin wasu yake zubarwa.

Kuma rabon da ake yi, wai shari'a tasu ce sulhu na gida, bai yi daidai da tarihi ba ta kowane ɓangare. A Faransa kanta, majalisar farko mai duba rigimar ma'aikata, wadda aka kafa a birnin Liyon a 1806 saboda masaƙan siliki, aikinta na farko sasantawa ne, hukunci sai in sasantawa ta faskara. A nan kuma Damagaram ta san alƙali da muhuti da shaidu tun zamanin Sarki Tanimun, kafin sojan Faransa su shiga Birni a 1899. Kakannin da ake jingina wa maganar ba su taɓa cewa talaka ba shi da ikon kai ƙara ba.

Tun da an ambaci alƙali, ya kamata a leƙa littattafan da yake hukunci da su, waɗanda har yau ake karanta su a zaurukan malamai na ƙasar Kance: Risala, da Muhtasar na Halilu, da Tuhfa ta Ibnu Asim. Malaman Malikiyya ba su ɗauki sulhu a matsayin ba da baki da shafa fatiha ba. A wajensu ƙulli ne mai hukunci, kuma sun rarrabe shi. In an sasanta a kan wani abu daban da wanda ake bi, alal misali a ba da buhun gero a madadin kuɗi, hukuncinsa na ciniki ne, dole a kiyaye sharuɗɗan ciniki. In kuwa an sasanta a kan sashen abin da ake bi aka bar saura, to wannan sauran kyauta ce. A tsaya a kan wannan kalma, domin ita ce ke tone asirin zauren. Bisa ga fiƙihu, abin da ya faru ranar nan shi ne mai gadi, wanda ba shi da abincin dare, ya yi wa mai makaranta kyautar jikkuna masu yawa. Kyauta kuwa sai da daɗin rai, kuma mutum ba ya kyautar abin da bai san ya mallaka ba. Wanda yunwa ta zaunar a gaban dattawa goma, kowa yana ce masa ya yi haƙuri, ina daɗin ran yake?

Malaman ba su tsaya nan ba. Sun bayyana cewa wanda ya san a ransa ana bin sa bashi, ya musa ko ya ja lokaci har aka sasanta a kan ƙasa da haƙƙin, abin da ya riƙe bai zama halal gare shi ba don an yi sulhu. Sun kuma ba wanda aka zalunta damar warware sulhun in mai musun ya amsa daga baya, ko in wata shaida ta bayyana wadda bai san da ita ba. Wasiƙar da Halifa Umar ya aika wa Abu Musa al-Ash'ari kan aikin alƙalanci, wadda ake kafa hujja da ita wajen halaccin sulhu, ita ce kuma ta yi masa iyaka, ba ta yarda a mai da shi gadar cin haƙƙin wani ba. Hadisin gumin ɗan ƙwadago kuwa babu mai wa'azin da bai haddace shi ba. Abin mamaki, a kan mumbari ake jin sa, ba a cika jin sa a zauren sasantawa ba, inda ake bukatarsa. A can sai a ɗauko falalar haƙuri, a miƙa wa wanda ya riga ya yi haƙurin wata shida.

To me dokar ƙasa ta ce? Masu zaginta da yawa ba su buɗe ta ba. Kundin dokokin aiki na 25 ga Satumba 2012, doka mai lamba 2012-45, bai tura kowa gaban alƙali kai tsaye ba. Ya ba ma'aikaci da ubangida damar su nemi sufeton ƙwadago ya sasanta su cikin lumana. In an daidaita, sufeto ya rubuta takardar sulhu, shugaban kotun ma'aikata ya sa mata hannu da hatimi, ta zama tana da ƙarfin hukunci. In ubangida ya saɓa, ana iya tilasta masa kamar yadda ake tilasta wa wanda shari'a ta kayar. In ba a daidaita ba, a rubuta haka, magana ta wuce kotu. A kotun ba a biyan kuɗin shigar da ƙara. Alƙali yana zama da mataimaka daga ɓangaren ma'aikata da kuma ɓangaren masu ɗaukar aiki, kuma abin da zai fara yi shi ne ya sake gwada sasanta su. Watau doka sau biyu take shimfiɗa tabarmar sulhu kafin ta yanke hukunci. Bambancinta da zauren mai unguwa shi ne mai sasantawar ya san lambar, abin da aka yarda da shi yana kan takarda, kuma kowa a wurin ya san akwai mataki na gaba.

Akwai wasu abubuwa biyu a cikin kundin da ya kamata a rubuta su a allon kowace makaranta. Ubangida kan miƙo wa ma'aikaci takarda da Faransanci ya ce ya dangwala, a ƙasanta an rubuta pour solde de tout compte, ma'ana ya karɓi dukkan abin da yake bi, babu saura. Tun daga kundin 1952 aka ce wannan rubutu ba ya ɗaure ma'aikaci, ba ya hana shi neman ragowar haƙƙinsa. Waɗanda suka tsara dokar sun san yadda yunwa ke sa hannu. Na biyun kuma ya juya wa ma'aikaci baya ne: bashin albashi yana da wa'adi, in shekara biyu ta wuce bai nema ta hanyar doka ba, ƙofa ta rufe. A nan ne "in an yi kaka" ke zama tarko. Kaka ta zo ta wuce, a ce ta baɗi. Mutum yana jira cikin ladabi, kwanaki suna cinye haƙƙinsa, ba shi da ko ƙyallen takardar da ke nuna an amsa bashin.

Wannan bai wanke hukuma ba. Sufetocin ƙwadago kaɗan ne, kuma a manyan biranen jihohi suke zaune. Ɗan ƙwadagon gonar rake na iya tsufa bai taɓa jin akwai wannan ofishi ba. Dokar da sai an yi tafiyar kilomita 90 kafin a same ta, dokar masu kuɗin mota ce. Kuma sufeton da fayil ya yi wa yawa yana iya zama dattijon zaure mai alƙalami, ya matsa wa mai rauni don a rufe magana da wuri. Amma maganin nisan doka shi ne a matso da ita. Ko kwana ɗaya a wata sufeto ya zauna a Matameye, a sanar a rediyo, da yawa daga cikin sulhun zaure za su canza kama tun kafin ya buɗe jakarsa.

Sarakuna ma ba a ce su janye ba. Dokar 13 ga Janairu 2015 kan matsayin sarautar gargajiya ta tabbatar musu da ikon sasanta mutane, ta kuma ɗora musu rubuta abin da aka sasanta a kai. Fada ta fi ofishi kusa da talaka, kuma kunyar sarki kan fitar da kuɗin da takardar sammaci ba za ta fitar ba. Abin da ake nema kaɗan ne: kafin a ce wa kowa ya yi haƙuri, a faɗi abin da doka ta ba shi da lamba, a gaban kowa, in zai yafe, ya yafe yana sane, abin da ya rage a rubuta shi da ranar biya.

Malaman makaranta kuwa ba su bukatar a ba su labarin sulhun da ba shi da haƙora, domin ubangidansu shi ne ya fi kowa gwanintar sa. Waɗanda suka yi aiki a shekarun 1990 suna tune da watannin da suka taru ba albashi. A farkon shekarun 2000 gwamnati ta fito da dabarar biyan wani sashe na wannan bashi da filaye. A fiƙihu wannan ciniki ne, kuma ciniki yana bukatar a san darajar abin da aka karɓa. Ma'aikata da dama da bukata ta matsa wa sun sayar da takardun filayen da araha ga masu kuɗi, ribar ta tafi wani wuri. Daga 1998 aka fara ɗaukar malamai ƴan sa-kai, waɗanda suka koma ƴan kwantiragi har suka zama mafi yawan masu riƙe da alli a makarantun firamare. Abin da ake ba su ma ba a kira shi albashi ba, pécule aka ce, kalmar da ta fi kusa da ɗan abin sawa a aljihu. A 2016 da 2017 ƙungiyoyin CAUSE-Niger da SYNACEB sun yi ta yajin aiki, kuma cikin bukatunsu, ban da biyan bashin watanni, akwai wadda ta fi kowace ban takaici: a cika yarjejeniyar da aka riga aka sa wa hannu. Ƙasa tana da hukumar tattaunawa tsakanin gwamnati da ma'aikata, CNDS, tun shekara ta 2000. Zama ba a rasa ba, hotunan musabaha ba a rasa ba. Abin da aka rasa shi ne hatimin da zai tilasta wa baitulmali, domin mai hatimin shi ne wanda ake bi.

Ƙetaren iyaka ma labarin bai canza ba: malaman jami'o'in Nijeriya sun rufe azuzuwa wata takwas a 2022, daga Fabrairu zuwa Oktoba, kuma a tsakiyar rigimar akwai yarjejeniyar da aka ƙulla tun 2009. Ɗaliban da aka yi yarjejeniyar suna firamare su ne suka zauna a gida saboda ita.

Wanda ke shakkar cewa ƙarfi ne ke motsa sulhu ya dubi matatar man SORAZ da aka buɗe a wannan jiha a 2011. An daɗe ana kukan tazarar da ke tsakanin albashin ƴan ƙasa da na ƴan Sin masu aiki iri ɗaya. A watan Maris na 2025 gwamnati ta kori manyan jami'ai uku ƴan Sin na kamfanonin mai, ciki har da na matatar, kuma ministan mai ya ambaci wannan tazara cikin dalilai. Magana ta motsa ranar da mai ƙarfi ya ga tana da amfani gare shi. Mai gadin makaranta ba shi da minista; abin da yake da shi kawai doka ce da alƙali. Shi ya sa labarin rusa ƙungiyoyin ma'aikatan shari'a da aka yi a watan Agusta na 2025, ciki har da SAMAN ta alƙalai, ya shafe shi ko da bai ji ba, domin alƙalin da ke tsoron kujerarsa ba ya tsoratar da kowane ubangida.

Saura batun harshe, wanda shi ne aikin masu karanta wannan shafi. Takardar sulhu, da takardar albashi, da kundin kansa, duk da Faransanci suke, harshen da mai gadi da ƴar aikatau ba su ji. Kundin sake gina ƙasa na watan Maris 2025 ya ɗaga Hausa zuwa matsayin harshen ƙasa, ya bar Faransanci a matsayin harshen aiki. An yi murna, an yi jawabai. Amma darajar harshe ba ta ƙarewa a jawabi. Ana ganin ta ne ranar da talaka ya karanta abin da zai dangwala wa hannu. Babin albashi da na sallama da na sasantawa ba su wuce ƴan shafuka ba. Malaman Hausa da na Faransanci na gundumar Kance kaɗai sun isa su juya su cikin hutu ɗaya, da boko da ajami, su zauna da wani masanin doka ya duba, a karanta a rediyo, a ajiye kofi a kowace fada. Kalmomin ma ba sai an ƙirƙiro da yawa ba: lada, jinga, wa'adi, sallama, diyya, shaida, duk suna bakin mutane tun kafin a haifi kundin.

Ƙungiyoyin wasan kwaikwayo kuma su dubi abin da suke nunawa. Wasa nawa aka yi inda yaron gida mai taurin kai ya kai ubangidansa ƙara, ya sha wuya, ya dawo ya durƙusa, dattijo mai farin gemu ya yi nasiha, aka tafa? Mai kallo yana fita da darasi ɗaya, cewa neman haƙƙi rashin tarbiyya ne. Har yanzu ana jiran wasan da dattijon zai ɗauko alli ya yi lissafi a bango, ya juya ga Alhaji ya ce: kai ne za ka yi haƙuri ka biya.

Akwai kuma wani zaure da ba a son a leƙa, shi ne na gidan malamin kansa. Malamin da ya yi tattaki da kwali yana neman a biya shi bashin wata biyu, a gidansa akwai yarinya daga ƙauye mai shara da wanke-wanke da ɗaukar jariri, wadda ladanta jika uku ne ko biyar, kuma sau da yawa shekarunta ba su kai 14 da doka ta ƙayyade ba. In albashi ya yi jinkiri, nata ne ke fara tsayawa. In kwano ya fashe, daga nata ake cirewa. Ranar da uwarta ta zo daga ƙauye neman kuɗin wata huɗu, sai a kira maƙwabciya ta sa baki, a ba da na wata biyu da tsohon zane, a ce ai yarinyar ci take yi a gidan, a rabu lafiya. Ƙasar Kance ta san inda mata da yara ke nufa in aikin gida bai ciyar da su ba. A watan Oktoba na 2013 aka tsinci gawarwaki 92 a hamada, arewa da Arlit, a kan hanyar Aljeriya, 52 daga ciki yara ne, 33 mata, kuma mafi yawansu daga wannan gunduma suka tashi. Dalilan tafiyar suna da yawa, ƙarancin gona da yawan baki suna gaba, ba wanda zai ɗora wa uwar gida ɗaya alhakin hamada. Amma uwar da ta koma ƙauye da ladan wata biyu a madadin huɗu ta yi nata lissafin a hanya, kuma a ƙauyen akwai wadda ta dawo daga Tamanrasset da kuɗin rufin kwano.